'Yata ta ce Latin da Girkanci za ta karanta a jami'a

Baban Ummi: Salamu alaikum jama'ar gida. Wata magana ce ta hana ni barci, na ce bari in kawo ta nan tunda akwai malamai da lauyoyi da ma'aikatan asibiti a cikinmu. 'Yata ta fari za ta gama sakandare bana, ga lokacin cike fom ɗin JAMB ya zo. Ni tun tana firamare nake kiranta Barista. Shekaranjiya da daddare ina zaune ina lissafin huhunan goron da suka fita, ta zo ta durƙusa ta ce ita Classics take so ta cike a Jami'ar Ibadan, nan kusa da mu a Sabo. Na ce mene ne kuma haka? Ta ce harshen Latin da Girkanci ne, da tarihin mutanen Rum da Girka na da. Na ce su waye ke magana da Latin ɗin? Ta ce ba kowa Baba, karanta shi ake yi. To jama'a, yaren da ba mai yi, shi zan shekara huɗu ina zuba wa kuɗi? Uwarta ta ce in ƙyale ta. Ni dai zuciyata ta ƙi kwanciya.

Sani Mai Waya: Wa alaikumus salam Alhaji. Idan ta gama sai ta buɗe shagon tafinta a maƙabartar Rumawa.

Anti Larai: Kai Sani, mutum ya zo da damuwarsa kana shashanci.

Sani Mai Waya: Allah ya ba da haƙuri Anti. Amma tsakani da Allah, masu digirin injiniya ma suna nan muna gyaran waya tare.

Barista Hadiza: Alhaji, bari in fara kawar da abu ɗaya, don na san za a kawo shi. Za a ce maka Latin na taimakon lauya. Shekara goma sha ɗaya ina shiga kotu, Latin ɗin da nake aiki da shi bai cika shafi biyu ba. *Audi alteram partem*, a saurari ɗaya ɓangaren. *Nemo judex in causa sua*, mutum ba ya alƙalanci a shari'ar da ta shafe shi. *Prima facie*, *mens rea*, *habeas corpus*, da 'yan uwansu. Hadda muka yi musu kamar yadda yaro ke haddace jadawalin sau. Dokarmu ta boko daga Ingila muka gaje ta, kuma su Turawan Ingila da kansu tun 1999 suka tsame yawancin kalmomin nan daga ƙa'idojin kotunansu na ƙararrakin jama'a, suka ce a yi maganar da mai ƙara zai gane. Mu ne dai muke riƙe da su saboda suna ƙara wa riga kwarjini. In lauya take so ta zama, ta cike lauya kawai.

Anti Larai: Mu ma a asibiti haka ne. Likita zai rubuta b.d., wato sau biyu a rana, t.d.s. sau uku, *nocte* da dare, *stat* a ba shi yanzu-yanzu. Duk Latin ne. Sunayen cututtuka kuwa yawanci Girkanci. Wata malamarmu a makarantar jinya ta yi mana dabara, ta rubuta saiwoyin a allo: *hepar* hanta, *nephros* ƙoda, *kardia* zuciya, *haima* jini, duk kalmar da ta ƙare da *itis* kumburi ne. Daga ranar na daina tsoron dogayen sunaye, in na ga kalma sai in fasa ta kamar gyaɗa. Ya yi mini amfani ƙwarai. Sai dai mako biyu aka yi ana koya mana, ba shekara huɗu ba.

Baban Ummi: Kun ga abin da nake faɗa ke nan.

Malam Habu Zariya: Alhaji, a yi mini izini in saɓa wa jama'a kaɗan.

Sani Mai Waya: Allah ya gafarta Malam, ku da na zata za ku fara cewa karatun arna ne.

Malam Habu Zariya: Da na faɗi haka da na yi wa malamaina butulci. Sani, ka yi karatun Ahalari kana yaro?

Sani Mai Waya: Na yi Malam, har Ishmawi na taɓa.

Malam Habu Zariya: To Shehin da ya rubuta Ahalarin nan, Abdurrahman al-Akhdari na ƙasar Aljeriya, shi ne ya rubuta Sullam, waƙar nan ta ilimin manɗiƙi, wato ƙa'idojin kafa hujja, da ake karantawa a zaurukanmu. Manɗiƙin da ke cikinta tushensa Aristo ne, mutumin Yunan, wato Girka. Akwai ma wani ɗan littafi na fannin da ake kira Isaguji, sunan nan kansa ba Larabci ba ne, kalmar Yunananci ce mai nufin gabatarwa. Na karanta shi a gaban malamina ina zaune a kan buzu, ban taɓa shiga aji ba. A Bagadaza zamanin Halifa Ma'amun da bayansa aka yi ta juyar da littattafan Yunanawa zuwa Larabci. Hunainu ɗan Ishaƙa, wanda ya rasu a 873, shi da almajiransa suka fassara littattafan likitanci na Jalinusa masu yawan gaske. Ibn Rushd ya yi wa Aristo sharhi a Andalus, Turawa suka mayar da sharhin Latin suka karanta a jami'o'insu. Littafin Ƙanun na Ibn Sina ma a Toledo aka mayar da shi Latin, aka yi ɗaruruwan shekaru ana koyar da likitoci da shi a Turai. Kaya ne da ya yi ta sauya hannu, kuma hannunmu na ciki.

Alƙalamin da muke rubuta allo da shi ma, kalmar daga *kalamos* take, wato kara a Yunananci. Dirhami daga kuɗinsu *drakma*. Dinari daga *denarius* na Rumawa. Falsafa kuwa ba sai an faɗa ba.

Barista Hadiza: Malam, wannan tarihi ne mai daɗi, amma ai an riga an fassara. Me zai sa yarinya ta koma tushe?

Malam Habu Zariya: Hajiya, ke da bakinki? Tafsiri nawa ne aka yi da Hausa, amma muka daina tura yara koyon nahawu? Mai karanta fassara baƙo ne a gidan, inda aka shimfiɗa masa tabarma nan zai zauna. Kuma maganar cewa ba mai yin harshen, wace kasuwa ce yau ake ciniki da Larabcin Muƙamatul Hariri? Je ka Alƙahira ka yi wa direban tasi irinsa ka ga kallon da zai yi maka. Harshen littafi daban, na kasuwa daban.

Sani Mai Waya: Larabci ai addini ne ya ɗora mana. Latin wa ya ɗora mana ban da Bature?

Bulus Kagoro: Sani, wasunmu ma addinin ne. Na yi shekara biyu ina koyon Helenanci a makarantar tauhidi, haka muke kiran Girkancin a coci, domin da shi aka rubuta Sabon Alkawari. Abin da Malam ya faɗa na gan shi da idona. A ƙarshen Bisharar Yohanna akwai inda Yesu ya tambayi Bitrus sau uku ko yana ƙaunarsa. A asalin rubutun kalmomi biyu ne daban ake juyawa, *agapao* da *phileo*. Masana har yau suna gardama ko bambancin na da nauyi ko salon magana ne kawai. Ni ban ma san da gardamar ba sai da na iya karanta asalin, shekara da shekaru ina wucewa ta kan wurin. 'Yan uwanmu Katolika kuma da Latin suke Mas, wato babbar sujadarsu, a mafi yawan duniya har zuwa babban taron Batikan na 1962 zuwa 1965, kakata ta rasu tana iya rera addu'o'in da ka ba tare da ta san ma'anar rabinsu ba.

Amma Alhaji, kada in ɓoye maka, wuya gare shi. Mu arba'in muka fara ajin, waɗanda suka kai ga karanta sura ba ƙamus a hannu ba su fi biyar ba, kuma ba na cikinsu.

Baban Ummi: Wuyar ta mece ce? Ba kamar Turanci ba ne?

Bulus Kagoro: Ko kusa. Malam Habu zai fi saurin gane shi fiye da ɗan boko. Ga misali da Latin, ɗan abin da na tsinta. *Canis hominem mordet*, kare yana cizon mutum. *Canem homo mordet*, mutum yana cizon kare. Kalmar kare ce a gaba duka biyun, ƙarshenta ne ya sauya, shi ya nuna wa ya yi cizo wa aka ciza.

Malam Habu Zariya: Allahu akbar. Daraba Zaidun Amran, daraba Zaidan Amrun. I'irabi ne tsantsa.

Bulus Kagoro: Shi ne Malam. Sai dai suna a Larabci hali uku gare shi, a Latin shida, a Girkanci biyar.

Malam Habu Zariya: Shida! To lallai duk yaron da ya jure wannan, ƙwaƙwalwarsa ta wasu.

Dakta Nura: Allah ya gafarta Malam, nan ne zan ɗan ja da ku, don fannina ne. Wannan magana ta wasa ƙwaƙwalwa ita ce hujjar da aka fi daɗewa ana kare Latin da ita, kuma ita ce mafi rauni. Wani masanin halayyar koyo a Amurka, Edward Thorndike, ya gwada dubban 'yan sakandare, ya fitar da sakamakon a 1924. Bai ga masu Latin sun yi wa sauran wani fintinkau a ƙaruwar kaifin tunani ba. Abin da ke faruwa shi ne, yara masu ƙoƙari da 'ya'yan masu hali su ake turawa ajin Latin tun farko, in sun yi fice daga baya sai a ce Latin ne. A Jamus ma, inda har yanzu ake koyar da shi sosai a sakandare, an yi wani bincike da aka buga a 2003: aka koya wa ɗalibai Sifaniyanci, waɗanda suka taɓa yin Faransanci suka fi waɗanda suka yi Latin ƙarancin kuskure. Oxford da Cambridge sun daɗe ba sa ɗaukar ɗalibi sai ya ci jarrabawar Latin, wajen 1960 suka janye sharaɗin, kuma ilimi bai rushe ba.

Malam Habu Zariya: Dakta, ni ban san Thorndike ba, amma na san almajiri kafin ya yi Ajuruma da bayan ya yi. Ba ɗaya suke ba.

Dakta Nura: A karatun Larabci ba ɗaya suke ba, na yarda. Tura su kasuwa ko ka ba su lissafi, sai mu gani. Abin da nake cewa, mai koyon Latin zai iya Latin, zai kuma ƙware a bin jimla a hankali da sanin saiwar kalmomi. Wannan riba ce ta gaske. Amma kada a sayar wa Alhaji da shi a matsayin maganin basira. In za ta yi, ta yi don abin da ke cikin littattafan.

Malam Habu Zariya: To bin jimla a hankalin nan da kake ambata a gurguje, shi nake kira wasa ƙwaƙwalwa. Yaran yanzu shafi goma suke haɗiyewa a waya, ka tambaye su me aka ce su yi zuru. A zaure layi biyu muke yini a kai.

Dakta Nura: Nan kam ba mu da saɓani. Sai dai ana iya samun wannan tarbiyyar da waƙoƙin Nana Asma'u ko na Sa'adu Zungur in an koyar da su da gaske. Takaicina shi ne ba ma yi wa namu irin hidimar da Italiya ke yi wa nata. Can akwai nau'in sakandare guda da yaro ke shekara biyar yana Latin da Girkanci. Mu rubuce-rubucen ajami na nan a akwatuna gara na ci.

Isufu Damagaram: Ina gaida manya. Mu nan Nijar abin ya ɗan bambanta, don Faransancin da muka yi lakkwal da shi ɗan Latin ne na cikinsa. Malaminmu na koleji in muka kasa rubuta kalma sai ya ce ku nemo uwarta. Me ya sa ake rubuta *temps* da haruffan da ba a furtawa? Saboda *tempus*. *Doigt*, yatsa, saboda *digitus*. Da ya nuna mana haka sai dikte, wato shifta, ta daina zama azaba. Kuma Barista, dokarmu ta boko ta biyo ta Faransa ta 1804, ita kuwa ta ɗebo da yawa daga dokar Rumawa. Don haka lauyan Yamai ya fi na Kaduna kusa da Rum.

Barista Hadiza: Wannan gaskiya ne, na karɓa.

Isufu Damagaram: Senghor na Senegal ma ai kafin siyasa malamin Latin da Girkanci ne a makarantun Faransa, yana koya wa 'ya'yan Turawa.

Sani Mai Waya: Shi ya sa ya fi Bafaranshe son Faransa. Irin abin da nake gudu ke nan. Shugaba Banda na Malawi ya gina makaranta a 1981 ya wajabta Latin da Girkanci, talakawa na fama da abin kai wa baka. Ƙarshen abin mutum ya riƙa ganin kakanninsa ba su yi komai ba.

Awudu Kumasi: Sani, wannan ya danganta da wanda ya karanta. Akwai wani ɗan ƙasarmu, Anton Wilhelm Amo, daga yankin Axim. An kai shi Turai yana ƙaramin yaro, ya yi digirin dakta a falsafa a Wittenberg a 1734, da Latin ya rubuta kundinsa, ya koyar a jami'o'in Halle da Jena, daga baya ya dawo gida. Aikinsa na farko a kan haƙƙin baƙar fata a Turai ne. Da harshen Turawan ya tsaya wa baƙar fata. Kuma wa ya ce Rum ta Turawa ce su kaɗai? Augustine, babban malamin Kirista na zamanin Rum, ɗan Aljeriyar yau ne. Sarki Septimius Severus a Libiya aka haife shi, kufan garinsu Leptis Magna na nan a bakin teku. Nan Ghana har yanzu ana koyar da fannin a jami'o'in Legon da Cape Coast.

Rabi'u Gandun Daji: Ku bar ni in sa baki da itatuwa. Duk bishiyar da kuka sani tana da suna na Latin mai kalma biyu, tsarin da Linnaeus ɗan Sweden ya kafa a 1753. Kuka *Adansonia digitata*: Adanson Bafaranshe ne da ya zauna a Senegal, *digitata* kuma saboda ganyenta kamar yatsun hannu, ga *digitus* ɗin Isufu ya dawo. Ɗorawa *Parkia biglobosa*, sunan Mungo Park aka liƙa mata. Gawo *Faidherbia albida*, sunan gwamnan mulkin mallaka na Senegal. Tsamiya ce ta ba ni dariya, *Tamarindus*, ashe tamar hindi ne na Larabawa, dabinon Indiya, aka sa masa wando da kwat.

Sani Mai Waya: Ka ji ko! Ɗorawar da kakata ke daddawa da ita tun kafin a haifi uban Mungo Park.

Rabi'u Gandun Daji: Ai ba ka san an yi maka haka ba sai da wanda ya iya karanta sunan ya gaya maka.

Baban Ummi: Jama'a na ƙaru, amma har yanzu ba a taɓo inda ke mini ciwo ba. Aiki fa? Ni ɗan kasuwa ne, in na sa kuɗi ina so in san ta inda za su fito.

Awudu Kumasi: Emeka Anyaoku a sashen nan na Ibadan ya karanta Classics, ya zama babban sakataren Commonwealth daga 1990 zuwa 2000. Bola Ige ma shi ya fara karantawa kafin lauya, ya yi gwamnan tsohuwar Oyo. Da mawaƙi Christopher Okigbo. Sashen tun kafuwar jami'ar a 1948 yake.

Barista Hadiza: Awudu, waɗannan 'yan shekarun 1950 ne, lokacin da masu digiri a ƙasar nan ba su da yawa, ko me ka karanta aiki na jiranka da mota. Kada mu yaudari Alhaji. Yau wanda ya gama Classics hanyoyinsa su ne koyarwa, aikin jarida ko gyaran rubutu, aikin gwamnati irin wanda ba ya tambayar fanni, ko ya zarce digiri na biyu ya nemi tallafin karatu a waje. A nan ɗin kam yana da ɗan sa'a, don masu nema daga Afirka a fannin ba su da yawa. Ko kuma ya dawo ya yi lauya a digiri na biyu kamar Bola Ige, shekaru sun ƙaru, kuɗi sun ƙaru. Ga ta mace, ka san surutun dangi in karatu ya yi tsawo.

Amma zan faɗi wani abu da ya saɓa wa maganata ta farko. A ajinmu na lauya kusan rabi iyaye ne suka cike musu fom. Da yawansu yau ba sa aikin, wata ƙawata atamfa take sayarwa, ta ce ko ƙofar kotu ba ta son gani. Yarinyar da ta zo da kanta ta durƙusa ta ambaci fannin da ko sunansa ba a sani ba a unguwa, ni ina so in san me ta gani. Ka tambaye ta?

Baban Ummi: Ban tambaya ba gaskiya, faɗa na hau yi. Ku ba ni minti kaɗan.

Anti Larai: A hankali dai Alhaji, ban da tsawa.

Baban Ummi: Na dawo. Ta ce a ɗakin karatun makarantarsu ta tsinci wani tsohon littafi ba bango, a ciki ta karanta labarin Hannibal na Kartaj, a Tunisiyar yau, wanda ya tsallaka duwatsun Alps da giwaye ya je ya addabi Rum shekara goma sha biyar. Abin da ya tsaya mata, wai duk labarinsa abokan gabarsa ne da mutanensu suka rubuta, littattafan mutanen garinsa sun salwanta. Ta ce tana so ta karanta da kanta ta ga inda suka yi masa ƙari. Ta ɗauko mini wani littafin rubutu, wallahi cike yake da jadawalin kalmomi, ashe wata shida ke nan tana koyon Latin ɗin a wayar uwarta ban sani ba.

Dakta Nura: Wata shida ita kaɗai ba malami? Alhaji, ina da 'yan aji huɗu da ba su taɓa tambayar wa ya rubuta abin da suke karantawa ba.

Sani Mai Waya: Ni dai ina nan a kan bakana. Amma datar da ta ƙone a kan wannan ta fi ta TikTok.

Barista Hadiza: Ka kai ta sashen da ƙafarka kafin a rufe fom. Ku nemi malami ɗaya da ɗalibi ɗaya na ajin ƙarshe, ka tambaye su ina waɗanda suka gama shekara biyar baya suke yanzu. Kada ka yarda a lissafa maka su Anyaoku.

Malam Habu Zariya: Alhaji, ta yi nahawu a Islamiyya?

Baban Ummi: Ta sauke Alƙur'ani, Ajuruma kuma ta ce sun tsaya a babin na'ati malamin ya yi tafiya.

Malam Habu Zariya: To ko me aka yanke, a nemo mata wanda zai ƙarasa mata kafin ta shiga. A Sabo ba za a rasa ba.

Baban Ummi: Akwai limamin layinmu, zan same shi bayan isha'i. Jami'ar kuma sai Talata, Litinin motar goro za ta taso daga Shagamu dole in tsaya a kan lodi.